Kabeji mai kilo 18 a kan rairayi: taki ne ko ruhohi?

Rabi'atu: Salamu alaikum jama'ar zaure, da fatan an wuni lafiya. Akwai labarin da ya hana ni sakat kwana biyun nan, na ce bari in kawo shi nan, tunda muna da masana ƙasa, muna da malamai, muna kuma da masu surutu irin su Sadiku. Wani wuri ne a arewa maso gabashin Sikotlan da ake kira Findhorn, a bakin teku. A watan Nuwamba na 1962 wasu mutum uku, Peter Caddy da matarsa Eileen da abokiyarsu Dorothy Maclean 'yar Kanada, suka rasa aikinsu na kula da otal. Ba gida, ba kuɗi, ga yara maza uku. Sai suka ja ɗan gidansu mai taya, irin wanda ake ɗaura wa mota, suka ajiye shi a wani fili kusa da juji, suna maneji da tallafin da gwamnati ke ba marasa aiki. Ƙasar wurin rairayi ce da tsakuwa, ga iskar teku ba dare ba rana. Don rage kuɗin abinci Peter ya fara ɗan lambu, shi da ba manomi ba. Kafin a jima mutane suka fara zuwa kallo, har ana maganar kabeji guda ɗaya mai nauyin kusan kilo 18. Da aka matsa musu da tambaya, sai suka ce ai Dorothy ce ke zama ta yi shiru, ta nutsu, sai saƙo ya zo mata daga ruhin kowane irin tsiro: wannan a ƙara masa ruwa, wancan kada a dasa shi yanzu. Ita ta rubuta, Peter ya aiwatar. To ina tambaya, me ya faru a lambun nan? Kuma mu da kan ce "jikina ya ba ni shukar nan ƙishi take ji", me ya raba mu da ita?

Sadiku: Wa alaikumus salam Anti Rabi. Wato kabeji ne ke ba da umarni, mutum na cewa to ranka ya daɗe? Ni dai da zan samu lambar ruhin tumatir da na kira shi, don akwai bayanin da zai yi mini.

Baba Isiyaku: Wa alaikumus salam. 'Yata Rabi, na san labarin nan tun muna ɗalibai, kuma abin da masu ba da shi kan tsallake shi ne wahalar da mutumin nan ya sha. Peter Caddy tsohon hafsa ne a rundunar sojan saman Birtaniya, mutum ne mai naci, wanda in ya sa abu a gaba sai ya ga bayansa. Ba zuba iri ya yi a kan rairayi ya koma ya kwanta ba. Haƙa rami yake yi, ya tsince duwatsu, ya kife ɓawon ciyawar da ya yanko a ƙasan ramin, saiwa na kallon sama, sannan ya cika da taki. Kuma wane irin taki! Kashin doki daga barga, ruɓaɓɓen karan hatsi, tokar itace, da ciyawar teku da suke kwasowa daga gaɓa da hannunsu cikin sanyi. Ciyawar teku kaɗai tana ɗauke da sinadarin fotasiyam da ƙananan ma'adinai masu yawa. Rairayi kuwa ba mugun abu ba ne yadda ake zato. Laifinsa biyu ne, ba ya riƙe ruwa, ba ya riƙe abinci. In ka cika shi da ruɓaɓɓen taki ka magance duka biyun, ka kuma ci ribar kyawunsa: ruwa ba ya kwanciya ya ruɓar da saiwa, yana saurin ɗaukar ɗumi bayan hunturu, saiwa kuma tana ratsa shi ba wahala. Sannan ku ƙara da rana. A wannan yanki, tsakiyar watan Yuni, hasken rana kan kai kusan awa 18 a yini. Kabeji na son sanyi-sanyi da dogon haske. A Alaska, inda yinin bazara ya fi haka tsawo, an auna kabeji mai fiye da kilo 62 a 2012, kuma ban ji wanda ya noma shi ya ce wani ruhi ya raɗa masa komai ba.

Sadiku: Shi ke nan, Baba ya rufe shari'a. Kashin doki ya yi nasara.

Rabi'atu: Baba na gode, Allah ya ƙara lafiya. Amma fa an ce jami'in gona na yankin ya ɗebi ƙasar ya gwada, yana tsammanin zai tarar da ƙarancin abinci, sai ya ga komai ya cika. Har wani farfesa daga ƙungiyar masu rajin noma ba takin kanti ya je a 1969, ya ce taki kaɗai bai isa ya bayyana abin da idonsa ya gani ba.

Baba Isiyaku: Haka ne, Lindsay Robb sunansa. Amma duba da kyau. Gwajin da ya nuna ƙasar ta cika da abinci ai ni ya mara wa baya, don ya nuna takin ya yi aikinsa. Maganar farfesa kuwa ra'ayin mai ziyara ce. Ya zo, ya gani, ya yi mamaki, ya tafi. Ba a raba fili biyu aka ba su taki ɗaya da ruwa ɗaya, ɗaya ana tambayar ruhohi ɗaya ba a tambaya, aka auna amfanin ba. In ba a yi wannan ba, mamakin farfesa da mamakin ɗan tireda nauyinsu ɗaya. Wani abin lura kuma, su kansu mutanen wurin sun yarda cewa manyan kabejin nan sun daina fitowa bayan shekarun farko. Suka ce wai ruhohin sun gama nuna abin da suke son nunawa. Ni kuma na ce, lambun da mutum uku masu jin yunwa ke durƙushe a kansa safe da yamma daban yake da lambun da baƙi ke karɓa-karɓa.

Dakta Hadiza: Baba ina gaisuwa. Ku ba ni dama in sa baki, don ni na taka wurin da ƙafata lokacin da nake karatu a Sikotlan. Wata abokiyar karatuna ce ta ja ni, muka yi rabin yini muna taya su aiki a babban lambunsu. Abin da ba zan manta ba shi ne yadda suke fara aiki. Mu kusan goma, aka tsaya a da'ira, aka ce kowa ya yi shiru. Su suna riƙe hannun juna, ni na harɗe nawa a ƙirji, ba wanda ya ko ɗaga mini gira. Aka yi kamar minti biyu ba ka jin komai sai iska da kukan tsuntsayen teku. Sannan mai jagorantar aikin ta lissafa ayyukan ranar, ta ce kowa ya zaɓi wanda ransa ya fi kwanta masa. Na zaɓi dashe. Wata dattijuwa ta durƙusa kusa da ni, ta ga ina fizgo 'yan tsiron latas daga tire kamar ina cire haki, sai ta dafa hannuna. Ta nuna mini yadda ake turo shi daga ƙasa da ɗan tsinke, a riƙe shi ta ganye, kada a taɓa karan, don ganye in ya ji rauni wani zai fito, kara kuwa in ya murje shi ke nan. Kafin ta sa kowanne a rami sai ta ɗan tsaya ta dube shi, kamar mai duba fuskar jariri. Ban ji ta ambaci wani ruhi ba. Da muka gama aka wanke kowace cebur da kowane magirbi aka mayar inda aka ɗauko, har wasu baro-baron suna da sunaye a rubuce a jikinsu. Ni dai abin da na gani mutane ne da ba sa gaggawa.

Sadiku: Baro mai suna? Dakta don Allah ki ce wasa kike.

Dakta Hadiza: Wallahi da gaske. Kuma ka yi dariya, amma abin da aka raɗa wa suna ba a barinsa a cikin ruwan sama ya yi tsatsa.

Ustaz Nuhu: Salamu alaikum. Na bi maganar tun daga farko, kuma ina ganin akwai inda ya kamata a taka burki, don kada daɗin labari ya ɗauke mana hankali. Cewa tsirrai ba matattun kaya ba ne, wannan ba baƙon abu ba ne a wurinmu. A cikin Suratul Isra'i aya ta 44 Allah ya gaya mana babu wani abu face yana tasbihi da gode masa, mu ne dai ba ma fahimtar tasbihinsu. Hadisi ingantacce kuma ya zo da labarin kututturen dabinon da ya yi kuka lokacin da Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya koma yin huɗuba a kan mumbari. Saboda haka tausaya wa shuka da girmama ta ba matsala ba ce. Matsalar tana wajen neman shiriya da taimako daga wasu halittun ɓoye. Matar nan ba cewa ta yi ta lura da ganye ba. Cewa ta yi akwai wani mai hankali a bayan kowane irin tsiro, tana tambayarsa yana ba ta amsa. Suratul Jinni aya ta 6 ta yi magana a kan mutanen da ke neman tsari da aljanu, ba abin da suka ƙara musu sai wahala. Ko dai abin da take ji zancen zucinta ne, to ta jingina shi ga wanda bai faɗa ba, ko kuma da gaske wani ne ke magana, to wannan ya fi muni. Kowanne aka ɗauka, musulmi ba shi da hurumi a ciki.

Rabi'atu: Allah ya saka da alheri Ustaz. Amma ita fa ba aljanu ta kira su ba. Ta ce da farko mala'iku ta so ta ce, sai ta ga kalmar a wurin Turawa ta koma hoton masu fukafukai da garaya, shi ya sa ta aro "deva" daga harshen Sanskirit na Indiya, ma'anarta masu haske. Na farko da ta ce ta ji shi ne na koren waken nan da Turawa ke ci, a watan Mayun 1963.

Ustaz Nuhu: Malama Rabi, canza wa abu suna ba ya canza hukuncinsa. Kuma ai ba a nan labarin ya tsaya ba. Akwai wani dattijo abokinsu, Ogilvie Crombie, da ya ce a 1966 yana zaune a lambun tsirrai na birnin Edinbara ya ga wata halitta mai ƙaho da kofato, daga baya har ya ce ya haɗu da Pan, abin bautar tsoffin Girkawa. Shi ne ma ya gaya wa Peter wai ƙananan ruhohin wurin sun yi fushi sun yi yaji saboda an sare wasu ƙayoyi suna cikin fure, har aka yi zaman ba su haƙuri. Wannan kuma me za mu kira shi?

Sadiku: Yaji kuma! Sai an je biko ke nan.

Mama Saratu: Sadiku ka bari mana. Ni ba musulma ba ce kamar yadda kuka sani, amma a nan ina tare da Ustaz. Mu ma an hana mu neman shawara wurin ruhohi. Abin da nake yi kafin in shiga lambuna shi ne in yi addu'a ga Mahalicci, ba ga abin da ya halitta ba. Sai dai ina so in ce wani abu don adalci. Mutanen nan uku sun ce Allah suke nema. Eileen ma, saboda gidan nasu ya cika da hayaniyar yara, da tsakar dare take fita cikin sanyi ta je banɗakin jama'a na filin ta zauna, don nan kaɗai take samun shiru. Ko na ce ta ɓata hanya, ba zan ce 'yar damfara ba ce. Ɗan damfara ba ya kwana a banɗaki cikin hunturun Sikotlan.

Ustaz Nuhu: Gaskiya ne Mama, ban ce maƙaryata ba ne. Mutum kan yi kuskure da zuciya ɗaya.

Baba Isiyaku: To bari in dawo kan tambayar Rabi ta biyu, don ita ta fi muhimmanci a wurina, kuma ita ce muke ta zagayewa. Me ake nufi da "jikina ya ba ni"? Na yi shekaru ina aiki da tsofaffin manoma da ba su taɓa shiga aji ba. Mutum zai tsaya bakin gona ya ce shukar nan ba ta jin daɗi, ka duba ka ga komai kore shar. Bayan kwana huɗu sai ga cuta ta bayyana. Ka tambaye shi yadda ya sani, ya ce shi dai ya ji a jikinsa. Ba wahayi ba ne. Idonsa ya ga ganye ya ɗan rage sheƙi, ya ga yadda ya sunkuya da hantsi alhali ba lokacin sunkuyawarsa ba ne, hancinsa ya ji warin ƙasa ya canza, ƙafarsa ta ji ta yi tauri. Ya ga irin wannan sau dubu. Ƙwaƙwalwa ta haɗa lissafin ta miƙo masa amsa ba tare da ta nuna masa yadda ta yi ba. Ido ba mudu ba, amma ya san kima. Akwai wata masaniya Ba'amurkiya, Barbara McClintock, da ta ci kyautar Nobel a 1983 a kan binciken ƙwayoyin gadon masara. An san ta da cewa ta san kowace masara a gonar gwajinta ɗaya bayan ɗaya, tun daga tsiro har girbi. Bambancinta da Dorothy shi ne, in zuciyarta ta raya mata abu, sai ta ɗauke shi ta kai gaban madubin ƙara girma ta gwada. Dorothy kuwa tana zama kullum ta tattara hankalinta kaf a kan tsiro guda. Duk wanda ya yi haka zai ga abin da mai wucewa bai gani ba. Abin da ta gani na gaske ne, sunan da ta ba mai aiko saƙon ne nake jayayya da shi.

Rabi'atu: Baba ka taɓo ni. Bari in tona wa kaina asiri. Shekarar da na fara shuka a tukwane, na kashe tumatir har kashi uku, kuma da ƙauna na kashe su. Kullum na fito na ga ganye ya yi laushi da rana sai raina ya ce ƙishi ne, in kwarara ruwa. Washegari ya ƙara laushi, in ƙara ruwa. Ranar da na gaji na juye tukunya ɗaya, sai wani wari ya buge ni, saiwar ta yi baƙi ta yi yauƙi kamar lalataccen zare, ƙasar kuma caɓal. Ashe nutsewa suke yi ina ƙara musu. A lokacin ma "jikina ya ba ni" nake cewa. Yanzu sai na tura yatsa cikin ƙasar har gaɓa ta biyu, in ɗaga tukunyar in ji nauyinta, kafin in taɓa bokiti. Abin mamaki, bayan shekara huɗu ina wannan, yanzu daga bakin ƙofa nakan san wacce ke son ruwa, kuma in na gwada da yatsa sai in tarar haka ne.

Baba Isiyaku: Madalla. Jin jikin farko zato ne, na biyun kuma yatsarki ce ta koya masa karatu.

Kabiru: Ku yi haƙuri na shigo a makare. Ni ina ganin Baba ya cika taurin kai irin na 'yan boko. Ai kimiyya ta tabbatar tsirrai suna jin tunanin mutum. Akwai wanda ya jona wa shuka na'urar gano maƙaryaci, da ya yi niyyar ƙona ganyen kawai sai allurar ta yi tsalle.

Dakta Hadiza: Malam Kabiru, wannan Cleve Backster ne, a 1966, kuma shi gwanin na'urar ne, ba masanin tsirrai ba. Labarin ya yi tashe sosai a shekarun 1970, lokaci ɗaya da tashen Findhorn. Amma da masana suka maimaita gwajin cikin tsari, aka buga sakamakon a 1975, ba su ga komai ba. Na'urar tana auna yadda lantarki ke ratsa abu ne, ɗan canjin laima a ganye ma na iya motsa ta. Abin da aka tabbatar ya ma fi wannan ban sha'awa. Tun 1983 aka nuna cewa in an yi wa ganyen wata bishiya rauni, tana sakin wasu sinadarai a iska, maƙwabtanta da ba a taɓa ba su fara haɗa sinadaran kare kai. Wasu tsirran in tsutsa na cinsu sukan saki ƙamshin da ke janyo ƙwarin da ke kashe tsutsar. A ƙarƙashin ƙasa kuma akwai siraran zaren naman kaza da ke manne da saiwoyi, suna kawo wa shuka ruwa da fosfaras, ita kuma tana biyan su da sukari. Saboda haka akwai zance a lambu, ba shakka. Sai dai ba da mu ake yi ba, kuma ba da Hausa ko Turanci ba.

Kabiru: To ai kin dawo kan maganata Dakta. Suna magana.

Dakta Hadiza: Suna aika sinadari. Tsakanin wannan da cewa ruhin wake ya ce a gaya wa Peter ya rage yawan dashe akwai tafiyar kwana da kwanaki.

Kabiru: Ni dai ban gamsu ba. Abin da ba a iya aunawa yau ana iya auna shi gobe.

Baba Isiyaku: In an auna goben ka kira ni, ɗana, zan zo da hulata a hannu.

Hajiya Turai: Ni duk wannan bai dame ni ba kamar ɓangaren zaman taren, tunda daga baya mutane sun taru a wurin sun zama al'umma. Ku dubi tsarin farko: Eileen tana jin murya a zuciyarta ta ce daga Allah ne, Dorothy tana jin ruhohin tsirrai, namijin kuma shi ke zartarwa. To in kana zaune a wurin, aka ce maka an samu saƙo cewa ka tashi ka haƙa rami a can, da wa za ka yi gardama? Ko da shugabannin mutanen kirki ne, wannan ƙofa ce mai haɗari. An sha ganin ƙungiyoyin da suka fara da shuka furanni suka ƙare da mallake mutane.

Dakta Hadiza: Hajiya kin faɗi gaskiya, kuma da alama su ma sun hango. A farkon shekarun 1970 Eileen ta daina ba al'ummar saƙon da take ji, ta ce kowa ya koma ya saurari nasa. Lokacin ne kuma wani matashi Ba'amurke, David Spangler, wanda ya zo a 1970, ya karkata akalar wurin zuwa koyarwa, har suka riƙa cewa sun tashi daga renon kayan lambu sun koma renon mutane. Aka yi rajistar gidauniyar Findhorn a 1972, a 1975 suka sayi otal ɗin Cluny Hill da ke garin Forres, wanda waɗancan ukun suka taɓa riƙewa a matsayin ma'aikata. Peter ya bar wurin a 1979, aurensu ma ya mutu. Daga nan abin ya ƙara sauya kama. Suka gina gidaje da tsofaffin manyan gangunan katako na kamfanin giya, suka kafa injinan samar da lantarki daga iska, a 1995 suka buɗe wani tsarin tace ruwan ƙazanta da tsirrai da ƙananan halittu a cikin tankuna. A shekarar ce kuma aka yi taron da ya haifar da haɗaɗɗiyar ƙungiyar ƙauyukan kare muhalli ta duniya a can. Yawancin masu zuwa daga baya wannan ne ke kawo su, ba ruhin kabeji ba.

Hajiya Turai: Yanzu fa, suna nan?

Dakta Hadiza: Ƙauyen na nan da mutanensa, amma gidauniyar ta sha wuya. A watan Afrilun 2021 aka cinna wa zauren taruwarsu da ɗakin da suke zaman shiru wuta, duka suka ƙone. Ga annobar korona da ta hana baƙi zuwa, ga ficewar Birtaniya daga Tarayyar Turai da ta wahalar da masu zuwa aikin sa kai. A 2023 gidauniyar ta dakatar da kwasa-kwasanta saboda rashin kuɗi. Dorothy ba ta ga wannan ba, ta rasu a can a 2020 tana da shekara 100.

Sadiku: Duk ruhohin nan ba wanda ya ba su labarin gobara tun da wuri?

Mama Saratu: Kai Sadiku, ba a yi wa mutane dariya a kan masifa.

Sadiku: Tuba nake Mama, bakina ne ya riga ni.

Rabi'atu: Akwai abu ɗaya nasu da nake son in ɗauka, sai dai ina tsoron Ustaz. Suna ware wani lungu a lambu da ba a nomewa, ba a shiga, a bar shi yadda ya ga dama. Su a wurinsu na ruhohin ne.

Baba Isiyaku: Wannan kam ko ni ina yi, ba don kowa ba sai don ƙudan zuma da ƙwarin da ke cinye tsutsa da sauran masu ɓata ganye. In ka share ko'ina ƙal, ka kori masu gadinka. Kwaɗi da ƙadangaru da gizo-gizo duk suna buƙatar mafaka. Sare ƙaya tana cikin fure ma da aka ce an yi fushi a kai, ni ma da zan yi fushi, don abincin zuma ne aka zubar.

Ustaz Nuhu: Malama Rabi ba abin tsoro. Ayyuka suna tafiya ne da niyya. In kin bar lungun don ƙwari masu amfani da tsuntsaye su samu wurin zama, kina iya samun lada ma, tunda hadisi ya nuna duk abin da tsuntsu ko dabba ya ci daga shukar musulmi sadaka ce gare shi. In kuwa kin bar shi da nufin wasu mazauna ɓoye su ji daɗi su albarkaci lambun, kin shiga wani fagen. Lungun ɗaya ne, ciyawar ɗaya ce. Yin shiru kafin aiki ma haka, ki yi bismilla, ki nutsu, ki duba shukarki da kyau. Yadda za a yi taki da lokacin dashe kuwa, wannan fagen su Baba ne. A kan barbarar dabino aka ce wa sahabbai su suka fi sanin al'amuran duniyarsu.

Kabiru: Ni fa har yanzu ina ganin kun rage wa mutanen nan daraja. Kun ce lura ce kawai. To me ya sa su suka iya lurar, mu muka kasa? Da ba su yarda akwai wani mai saurarensu a cikin lambun ba, da sun jure kwasar ciyawar teku cikin ƙanƙara? Ku cire imanin ku gani ko naci zai tsaya.

Baba Isiyaku: Wannan tambayar taka ta fi ta farko nauyi, Kabiru, kuma ba ni da amsarta a aljihu. Yunwa ma tana sa naci. Amma na yarda, wanda ya ɗauki shuka a matsayin amana ba ya aiki irin na wanda ya ɗauke ta a matsayin injin kuɗi. Sai dai ni ban ga dole sai an cika lambu da ruhohi kafin a ji nauyin amanar ba.

Kabiru: To mu gwada mana, tunda kai ka ce ba a taɓa rabawa biyu ba.

Ustaz Nuhu: Ban da kiran kowa dai.

Kabiru: Ba kiran kowa Ustaz. Tukwane goma, iri ɗaya, ƙasa ɗaya. Biyar a bi su da jadawali, ruwa kaza ranar kaza, ba kallo ba tsayawa. Biyar kuma a zauna gabansu minti goma kullum a yi musu abin da rai ya raya.

Baba Isiyaku: Wannan ba zai gaya maka komai game da ruhohi ba, lura kawai zai auna. Amma ina so in gani. Sharaɗi biyu: a jefa ƙuri'a wajen raba tukwanen, kada ka zaɓi masu ƙarfi ka kai ɓangaren da kake so, kuma a riƙa sauya musu wuri duk mako don kada wasu su fi wasu samun rana. Wanda zai auna amfanin kuma kada ya san wacce ce wacce.

Rabi'atu: Ina da tukwane shida da ba komai a ciki. Kabiru in ka samo huɗu sai mu fara da latas, shi ba ya kai wata biyu.

Sadiku: Ni zan yi awon. Amma duk abin da na auna ni zan cinye.

Dakta Hadiza: Anti Rabi, in za ki dasa ki tuna, ta ganye ake riƙewa.